Wata Bakwai na Badaru

Unguwar Agege ta Ikko ba ta yin shiru sai sau ɗaya a wata: Asabar ɗin ƙarshe, ranar shara, daga bakwai zuwa goma na safe. Ba motocin haya na danfo, ba 'yan okada, ba kiran masu burodi, kowa yana ƙofar gidansa yana kwashe kwata. A cikin awa ukun nan Badaru mai goro yake canza wata.

Kalandarsa daban take da ta mutane. Tana jikin bangon ɗakinsa, zane bakwai da gawayi, kuma daga cikin kaset ya fitar da ita.

Matarsa Ruƙayyatu ta koma gida Ƙaraye tun rikicin ƙarshen shekarar dubu biyu, ranar da aka ƙone rumfuna a bakin layin dogo. Ta goya 'yarsu Mubina, ta hau bayan tirela, ko tukunya ba ta ɗauka ba. Shi ya tsaya wurin huhunan goronsa. Daga shi har ita ba mai iya rubutu, don haka bayan wata biyu ta aiko masa da kaset ta hannun Ridwanu, direban tirelar shanu, ɗan garinsu.

To Ruƙayyatu ko a gaban mutum ba mai magana ba ce, balle a gaban akwatin ɗaukar magana. Sai ta yi kalma huɗu ta tsaya. Rannan da ya fara ji, hayaniyar titi ta cinye wuraren da ta tsaya ɗin, ya ɗauka ba komai a ciki. Sai ranar shara, da gari ya kwanta, ya kara kunne jikin rediyon, ya ji ashe kowane shiru da abin da ke cikinsa.

Bayan gaisuwa ta yi shiru, zakara ya yi cara daga nesa. Ya sa masa suna Watan Zakara. Na biyu, ana daka a maƙwabta: Watan Turmi. Na uku Mubina ta yi tari sau biyu, kuma duk tsawon Watan Tari bai ci abincin kirki ba. Akwai Watan Tabarma, inda ta gyara zama. Akwai Watan Guga, inda ake jan ruwa a rijiya. Na shida shi ne Watan Yawu, don a nan ta haɗiye wata magana, har ana jin wucewarta a maƙogwaro.

Duk ranar shara sai ya matsa gaba zuwa shiru na gaba, ya saurare shi har batir ya fara ja, ya zauna a cikinsa kwana talatin. In abokin ciniki ya ce yau nawa ga wata, sai ya ce a tambayi mai shayi.

Na bakwai kuwa ba ya ƙarewa. A nan ne ta ce, "To ni in dawo ne, ko kai za ka taho?" Sai ta bar akwatin yana juyawa har ƙarshen zare. Dogon Wata ke nan. Badaru ya shige shi tun damina, ga shi har an yi girbi bai fita ba. In ya ce ta dawo, ya ga idonta ranar gobarar nan, kuma ba wanda ya yi masa alkawarin ba za a sake ba. In ya ce zai taho, shekara talatin yana Ikko, ko kunya ɗaya ba shi da ita a gonar Ƙaraye. Sau nawa yana tsayawa gaban mai kaset a bakin titi, ya taɓa aljihu, ya wuce.

Wannan Asabar ɗin, wajen ƙarfe tara, aka yi sallama. Ridwanu ne, ya tako da ƙafa daga inda ya ajiye tirela, wandonsa duk kashin shanu.

"Yaya Badaru, duniya na shara kai kana jin waƙa?"

"Na share tawa tun asuba. Zauna. Goro?"

"Fari, in akwai." Ya ɓare, ya dubi bangon. "Har yanzu kana wata na bakwai? Mutane sun fara yawo da waya a aljihu, kai kana lissafi da zakara."

"Faɗi abin da ya kawo ka."

Ridwanu ya daina tauna. "Harisu ne, yayanta. Ya ce shekara ta cika. In na koma wannan karon ba amsa, zai kai ta gaban alƙali a raba auren."

"Ita ta ce haka?"

"Ita me ta taɓa cewa? Kullum na sauka tana bakin zaure, ta dubi hannuna, ta koma ciki."

Badaru ya ce, "Ka ce musu ina nan ina tunani."

"Ya ce bakin direba ba shaida ba ne. Muryarka suke so. Kuma goma na bugawa na tayar, yaran mota na jira."

"Ba ni da kaset."

"Shago kuwa ba mai buɗewa sai goma." Ridwanu ya nuna rediyon da haɓa. "Ga ɗaya can a ciki."

"Wannan nata ne."

"To ai ita za a kai wa."

Badaru ya ce masa ya fita waje ya jira. Ya tura ƙofa, ya mayar da zaren farko, ya saurara tun daga zakara. Aka yi daka, Mubina ta yi tarinta, guga ya taɓa ruwa. Da ya iso wurin tambayar, ya bari ta gama, ya tsayar. Dogon Wata na gabansa, kusan rabin zare, da ɗan numfashinta a ciki wanda ya haddace wurarensa. Yana danna jan maɓallin ɗaukar magana, duk zai goge.

Ya danna.

Da farko ba abin da ya fito daga bakinsa. Wata mata na jan tsintsiya a tsakar gida, akwatin yana ɗauka. Ya gyara murya.

"Ni ne. Ki dawo." Ya tsaya. "Ban ce miki za a zauna lafiya ba, ban sani ba. Tukwanenki dai suna nan, ban ba kowa ba. Ki ba yarinyar nan zuma don tarin. In kuma kin ƙi, ban ga laifinki ba."

Yana son ƙarawa, bai samu ba. Ya bar zaren yana juyawa. Can sai wani danfo ya danna oda tun goma ba ta gama cika ba, wani ya amsa masa, kwandastoci suka fara kiran fasinjojin Oshodi, Agege ta farka gaba ɗaya ta shige cikin kaset ɗin. Ya kashe.

Ya naɗe shi a ganyen goro, ya ɗaure da zare, ya miƙa wa Ridwanu.

"Kar ka sa shi a rediyon motarka."

"Haba Yaya. Ni me zan ji a ciki? Zakara?"

"Ka ba ta a hannunta. Ba Harisu ba."

"Sati uku zan juyo, in Allah ya yarda. Ko da ita, ko da abin da ta ce."

Da ya tafi, Badaru bai fita kasuwa ba. Ya ɗauki gawayi ya ja zane na takwas kusa da na bakwai, ya tsaya yana neman sunan da zai sa masa. Ba zakara a cikinsa, ba turmi. Ya ajiye gawayin, ya zauna bakin gado, ya danna rediyon kamar yadda ya saba. Ƙarfen ciki ya yi ta juyawa, ba komai a kansa.