Jariran da Ba a Yi wa Suna Ba

Zazzaɓi ya kwantar da Hambali bayan azahar, waya a ƙirjinsa. Tun da Inna ta rasu yake tonon saƙonnin muryarta, waɗanda mai gyara ya ceto masa daga intanet bayan tsohuwar wayarsa ta faɗa ruwa. Sun dawo cakuɗe da dubban wa'azi da waƙoƙi, sunayensu a dagule, x7f3_0043, %D8~tmp, kamar kaza ta bi ta kan rubutu. Ƙanwarsa Tasalla ta rantse cewa a ɗaya daga ciki Inna ta kira sunansa, ita da kunyar ɗan fari ba ta taɓa barinta ta furta shi ba. Shi kuwa gwanin "zan saurara anjima", ko rabinsu bai taɓa buɗewa ba.

Barci ya sace shi. Sai ga shi a tsakiyar busasshen kogi, ƙorai jere har iyakar ganinsa, kowace da jariri a ciki. A goshin kowanne haruffan nan ne ke yawo kamar tururuwa, da ya kai ido zai karanta sai su sauya wuri.

Wani tsohon rago ya matso yana jan igiyarsa. Ya ce shi ne ragon suna, tun yaushe yake jiran a yanka shi, har ƙahonsa ya yi furfura.

"'Ya'yan wa ne waɗannan?" in ji Hambali.

"Naka. An kawo maka su da ɗuminsu, ba ka tara kowa ba, sai inji ya raɗa musu abin da ya ga dama."

Kunya ta rufe Hambali. Ya bi ragon, rairayi ya zama tabarma, tabarma ta zama tsakar gidan Inna, amma bishiyar lemonta saiwa a sama take, ganye a ƙasa. A gindinta wata ungozoma mai zanen fasasshen gilashi tana wanke jarirai da ruwan da wayarsa ta faɗa. Ya roƙe ta ta nuna masa wanda ke riƙe da sunansa. Ta ce ita ba ta iya karatun goshi ba, da kunne take gane ɗa.

Ya durƙusa yana ɗaukarsu ɗaya bayan ɗaya. Kowanne ya buɗe baki, muryar Inna ce. Wannan ya ce lemo ya nuna, a aiko a ɗiba. Wancan ya ce ƙafar ta yi sauƙi, kada yaron nan ya damu. Wani kuma tari kawai ya yi. Hambali na ajiye su da sauri, sunansa yake nema.

"Har yanzu ajiyewa kake yi," in ji ragon.

Sai ga su kuma a cikin kogin, ruwa ya fara sauka, ƙorai na tashi. Ya cafke ta ƙarshe, jaririn ya ja numfashi, leɓensa ya buɗe zai kira.

Firgigit ya farka, jiƙe da gumi. Babban yatsansa ya danne wani fayil mai sunan shirme, yana ta magana. Babu sunansa a ciki. Inna ce kawai, a hankali:

"Yaron nan, kana ji na kuwa?"

"Ina ji, Inna," ya ce.

Saƙon ya riga ya ƙare.