Idon da Ya Ƙi Kallon Sama

"Bi fitilar da ido kawai, Meneer Dhondt. Kada ka ɗaga kai."

Firmin Dhondt ya bi 'yar fitilar da likitar ke riƙe da ita. Ta yi dama ya bi, ta yi hagu ya bi. Ta yi ƙasa wajen gwiwarta, ya bi ta lafiya lau. Da ta ɗaga ta sama sai fitilar ta rabu biyu, ɗaya ta hau kan ɗaya, sannan duk suka ɓace masa. Bai san lokacin da haɓarsa ta tashi ba.

"Ka sake ɗaga kai."

"Ba ni na ɗaga shi ba, likita. Shi ya ɗaga kansa."

Matarsa Lutgarde tana zaune a gefe, jaka a cinya. Ta ce, "Haka yake yawo yanzu, hanci a sama. Mutanen gari cewa suke gado ya ci."

Likitar ba ta yi dariya ba. Yarinya ce, ba ta kai 'yarsu ba. Ta kashe fitilar, ta jawo kujera kusa da shi.

"A wurinmu sunan abin infraversio. Kalmar Latin ce, ma'anarta juyawa ƙasa. Ita kanta ba cuta ba ce, kowa na yi. In za ka sauko daga bene ko za ka karanta jarida, idanunka biyu sukan juya ƙasa tare, to sunansa ke nan. Har likitocin haƙori suna faɗinta ga haƙorin da ya maƙale bai kai tsawon 'yan'uwansa ba. Naka idanun dai sun juya ne sun ƙi dawowa."

"Ni ai ba haƙori ba ne. Me ya riƙe su?"

Ta ce daga wuyansa abin ya faro, wurin nan da in ya kumbura ake ce wa maƙoƙo. Shi ya sa jijiyar da ke ƙarƙashin kowane ido ta kumbura ta sandare, tana jan idon ƙasa kamar an ɗaure shi da igiya. Ta hagu ta fi ja, shi ya sa yake gani biyu-biyu. Ya bar taba tun yau. A jira kumburin ya tsaya, wataƙila sai baɗi, sannan a yi aiki.

"In kun yi aikin zan ga sama?"

"Abin da muke nema shi ne ka ga gabanka sosai, ka ga ƙasa. Hanya, matakala, farantin abinci. In muka sassauta jijiyar da yawa don ka ga sama, ƙasa ce za ta rabu maka biyu, ka faɗo daga bene. Sama kam barin ta muke yi. Ba wani abin da mutum ke rasawa a can."

Lutgarde ta gyara jakarta ta ce, "Tseren tattabaru yake yi, likita."

"Ayya, kakana ma ya yi. Ai yanzu na'ura ke yin komai, ko?"

Ba da mugunta likitar ta faɗa ba. A asibiti an auna rayuwar mutum tsaf, an ga ba ta wuce tsakanin goshinsa da takalminsa ba.

Suka hau bas daga birnin Ghent zuwa gida, don an hana shi tuƙi. Ya zauna jikin taga yana kallon gefen titi, abin da idon ya yarda ya nuna masa ke nan.

Tun yana yaro a masaƙa Firmin ke kiwon tattabaru. Ranar Asabar a kai su mashayar Staf, inda ƙungiyar masu tseren take, a sa wa kowace zoben roba a ƙafa, a zuba su a keji, babbar mota ta kwana tana tafiya da su Faransa. Da safiyar Lahadi a sake su. Wanda tasa ta riga isowa ya cire zoben ya jefa a agogon tsere ya murɗa, shi ya ci. Yanzu kowa ya sa na'ura a bakin ɗakin tattabarunsa, tsuntsu na taka ta tana shaida isowarsa, maigida na kicin yana shan kofi. Firmin kaɗai ya rage da tsohon agogo. Ya ce shi ba domin kofin azurfa yake yi ba. Domin lokacin nan yake yi da za ka ga ɗigo can ƙarshen sama, ka san naka ne tun bai zama tsuntsu ba, ya naɗe fiffike ya faɗo maka kamar dutse.

"Staf ya sake yi min magana," in ji Lutgarde. "Ya ce zai karɓi tattabarun duka, har da gwanin naka, Shuɗi. Zai kula da su."

"Staf zai kula da su kamar yadda kyanwa ke kula da kifi."

"To ka zauna da su. Makon jiya ka gantsare kana neman su a sama, jiri ya kwashe ka, ka bugu da gangar ruwa. Da ƙeyarka ce ta sami bakin gangar fa? Ni ba zan iya ɗaga ka ba, Firmin. Bayana ya ƙare."

"Ban ce ki ɗaga ni ba."

"Ko ka sa na'urar kamar kowa."

"In zauna a kicin ƙarfe ya gaya min tsuntsuna ya dawo? Gara in yi kiwon kaji."

Bas ya tsaya, 'yan makaranta suka shigo da hayaniya. Sai da suka wuce gadar kogi ya sake magana.

"Ki ba ni Lahadin nan, Lut. In na ga Shuɗi da idona yana tahowa, tun daga nesa, ba wai sai ya sauka kan rufi sannan in ji motsinsa ba, to tsuntsayena na nan. In ban gani ba, Staf ya zo da kejinsa ranar Litinin."

"Wa zai shaida ka gani?"

"Na taɓa yi miki ƙarya a kan tattabara?"

Ta yi tunani kaɗan. "A kan tattabara kam, a'a."

Ranar Asabar da yamma ya shiga mashayar da kwandon tattabaru a hannu, haɓa a sama don ya ga ƙofa. Staf, wanda katanga ɗaya ta raba gidajensu, yana bayan kanta yana zuba giya.

"Ku tashi tsaye, minista ya iso! Ranka ya daɗe, yaushe za a gyara mana titi?"

"Ranar da ka daina yi wa giya ƙari da kumfa."

Aka yi dariya. Staf ya zagayo ya karɓi Shuɗi, ya buɗe fiffikensa yana shafawa a hankali, ya daɗe fiye da yadda aikin ke bukata.

"Tsoho, wannan tsuntsun ya fi ƙarfin mai shi. Gobe in ya iso, in leƙo ta katanga in gaya maka?"

"Ka leƙa naka. Na ji sun saba kwana a hanya."

"Ni dai kejina a wanke yake."

Ashe Lutgarde ta riga ta gaya masa. Firmin ya shanye giyarsa bai zauna ba. Da ya kai hannu aljihu neman taba sai ya tuna, ya zagi likitar a ransa, ya fita.

Lahadi ta waye garau, iska daga kudu. Ranar tsere unguwarsu takan yi tsit. Ba mai shanya a bayan gida, ba mai sakin kare, ba mai buga ƙofa, don tattabarar da ta sha tafiya in ta ga motsi sai ta ƙi sauka, ta yi ta kewaya, tseren ya wuce. A gidan Firmin dokar ta fi ko'ina tsanani. Daga an ce an sake su har tsuntsu ya shiga ɗaki, ƙofar kicin ba ta buɗuwa. Lutgarde ta taɓa fitowa sau ɗaya tana amarya, da kofi a hannu ta kawo masa. Abin da ya faɗa mata ran nan har maƙwabta sun ji. Ba ta sake ba. 'Yarsu ma a bayan taga ta yi Lahadinta duka har ta bar gida.

"An sake su!" Staf ya yi kira ta katanga, ya koma ciki wajen na'urarsa.

Firmin ya ajiye agogo a kan benci, ya ɗauki gwangwanin masara. Da lokaci ya matso ya tsaya inda ya saba tsayawa, ya ɗaga kai. Ya ga kan bishiyoyi, biyu-biyu. Ya ƙara gantsarewa har wuyansa ya yi ƙara, ya sami ɗan yanki na sama, sai ƙasa ta fara juyawa da shi. Ya dafa bencin. Ya sake gwadawa, jirin ya fi na farko. Ya zauna yana haki, idonsa a kan takalmansa, yana ganin kowane ɗinki nasu tar.

A nan dabarar ta zo masa. Ido ya ce ƙasa yake so, wajen ƙafa. To a kai ƙafar inda ake so ya kalla.

Bai yi ta da kyau ba. Ya durƙusa, gwiwa ta ƙi, ya tafi gaba ɗaya ta gefe, gwangwanin ya zube rabi. Ya mirgina ya kwanta rigingine a kan ciyawa, ya miƙe ƙafafunsa wajen Faransa, ya rufe idon hagu da hularsa. Sai ga sama gaba ɗayanta a saman yatsun ƙafarsa, guda ɗaya, shuɗiya, ba ta motsi. Rabonsa da ganinta haka tun kafin hunturu.

Raɓa ta ratsa rigarsa. Tururuwa ta hau wuyansa. Bai motsa ba. Ya daɗe a haka, har sanyi ya kama bayansa, har ya fara tunanin ko iska ta kai su gabas.

Sai ga ɗigon. Can daidai kan takalminsa na dama, shi kaɗai, ba ya karkata. Firmin ya san shi. Ɗigon ya yi fiffike, ya wuce hasumiyar coci, ya naɗe, ya faɗo. Firmin ya kaɗa gwangwanin a kan cikinsa yana fito a hankali. "Zo, zo, yarona, zo." Shuɗi ya taka katakon bakin ɗakin tattabaru ya shige. Firmin ya rarrafa, ya dafa bango ya miƙe, ya cire zoben, ya jefa a agogo ya murɗa. A gidan Staf ba ko motsi.

Ya nufi kicin rigarsa a jiƙe, ciyawa a gashinsa, yana dariya shi kaɗai.

"Lut! Na gan shi! Tun daga bayan coci! Ki gaya wa Staf ya zuba dankali a kejin nasa."

Tana tsaye dab da ƙofa, har ƙofar ta kusa buge ta da ya turo. Wayar gida na hannunta. Tukunya na kan murhu ba a kunna ba.

"Wa kike kira?"

"Ba kowa."

"To mene ne?"

"Na ga ka faɗi," ta ce. "Ina wanke kabeji na ga ka tafi ta gefe. Ka miƙe ƙafa, hula a fuska. Ba ka motsa ba."

"Kwanciya na yi. Dabara ce, ta haka nake..."

"Na zaci ka mutu, Firmin."

Ya jawo kujera ya zauna. Daga nan hannuwanta kawai yake gani, da wayar, da bakin rigarta.

"Tun yaushe kike nan tsaye?"

"Tun da ka faɗi."

"Kin zaci na mutu, ba ki fito ba?"

"Na kama hannun ƙofar. Sai na tuna suna hanya."

"Motar asibiti fa? Ga waya a hannunki."

"Da jiniya take zuwa."

Ta faɗe shi ba kuka ba faɗa, kamar tana gaya masa gishiri ya ƙare. Ya so ya ga fuskarta, ya ga ko zagi ne ko gaskiya. Ya ɗaga haɓa, fuskar ta rabu biyu, ba wadda ya iya karantawa. Ya mayar da kai.

"Da kin fito," ya ce, "da ban ce komai ba."

"Da ka ce."

Bai musa ba. Can waje sai yanzu aka ji tattabarun Staf suna sauka kan rufi, da muryarsa yana zaginsu.

Lutgarde ta mayar da wayar mazauninta. Ta kunna murhu, ta ɗauko wuƙa da kwanon dankali, ta zauna a ɗaya gefen teburin.

"Ka yi nasara, tsuntsayenka na nan," ta ce tana fere dankalin. "Lahadi mai zuwa ka shimfiɗa bargo, ciyawar na da sanyi. Kuma ka riƙa ɗaga hannu jefi-jefi, in san ko abincin mutum biyu zan ɗora."