Taku Tara Zuwa Tebur

Shekara arba'in da bakwai Cyril Thwaite yana fitowa a fim, bai taɓa zama jarumi ba. Shi ne ɗan sandan da ke kawo mugun labari, shi ne likitan da ke girgiza kai. A wannan wasan talabijin kuwa, shekara shida ke nan yana fitowa a baran wani gidan masu hali.

Abin da ya ɓoye wa kowa, tun bara tsakiyar idonsa ta mutu, sai gefe-gefe yake gani. Ranar da kamfani ya ji, likitan inshora zai duba shi, aikin ya ƙare. Don haka yakan riga kowa zuwa ya ƙirga: daga ƙofa, taku tara zuwa tebur.

Ran Laraba bayan hutun shayi, darakta, wata matashiya mai suna Imogen, ta ce masa an matsar da teburin saboda haske, ya bi alamar da aka manna a ƙasa kawai. Aka ɗora masa faranti, butar shayi na tururi, kofuna huɗu. Ya dubi ƙasa, hazo ne zalla.

Kyamara ta fara ɗauka. Ya yi taku tara, ya miƙa farantin, gwiwarsa ba ta taɓa katako ba. Kofunan suka soma kaɗawa. Ma'aikatan fim talatin suka zuba masa ido.

Hester Pargeter, tsohuwar da ke fitowa a uwar ɗakinsa, wadda suka shekara talatin suna tsiya da juna, ta saki abin da ke rubuce a takardar wasan.

"Nan nake, tsohon banza, ta hagunka. Ko sai shayin ya daskare?"

Ya bi muryar, taku biyu, ya dire farantin. Imogen ta tsayar da ɗauka tana dariya, ta ce a bar shi haka, ya fi na takarda. Ta ƙara da cewa gobe a kan matakala za a yi, zai sauko da wannan farantin.

Hester ta kama hannun rigarsa, ta ce ƙasa-ƙasa ta daɗe da ganewa, amma matakala ashirin ba ta da muryar da za ta sauko da shi.

Cyril ya tuɓe farar safar hannunsa, ya ninke.

"Imogen, 'yata, zo ki kama ni mu zauna. Akwai magana."