Taga A Cikin Taga, Ranar Jana'izar Julius

…Asabar, goma sha huɗu ga Satumba, ƙarfe goma da minti bakwai na safe. Na duba agogo kafin in taɓa shuɗin layin da Clara 'yarka ta turo, don haka na tabbata. Minti bakwai na makara, Julius, ni da ban taɓa makara sujada ba. Ɗaura lakataya a wuya ina zaune ne ya cinye su.

Ga majami'ar nan, ƙarama kamar akwatin ashana a tafin hannuna. Ga bencina, ga furanni, ga akwatinka. Daga Samaru zuwa Sabon Gari — hanyar da na yi shekara talatin ina bi a keke — yau ta gagare ni. Ƙashin ƙugu ne ya karye. Likita ya ce mako shida ba motsi, wannan na uku ne. Sarah 'yata ta tafi a madadina. Clara ta ce kada in damu, za a haɗa ni ta waya, in yi magana minti uku bayan wa'azi, muryata za ta fito ta lasifika. Shafi biyu na rubuta. Sau huɗu na karanta da agogo a hannu: minti biyu da daƙiƙa hamsin.

“Baba Othniel, kana jinmu? Yi magana mu gwada.”

Ina ji, Clara 'yata. Ina jinki. Na faɗa sau uku… tana kallon waya, tana girgiza kai. “Baba, ba ma jinka. Ka fita daga ciki, ka buɗe ta burauza.” Sai ta juya, Fasto ya miƙe.

Na san wannan ciwon. Manhajar zumuntar nan, in ka taɓa layi a cikinta, ba ta sakinka. Tagarta take buɗe maka, taga a cikin taga, kuma tagar ba ta san ni ba, ba ta san makirfona ba. Kunne kawai ta ba ni. Burauzar wayar ce ta san ni, ita Sarah ta koya wa muryata da kalmar sirrina. A watan Mayu ta gyara wannan, na sa ta faɗa a hankali, na rubuta a littafi. Shafi na tara. Ɗaya, layuka uku a kusurwa. Biyu, saiti. Uku… Amma shekaranjiya wayar ta ce za ta sabunta kanta, na ce to. Wa ya sani? Ashe in ta sabunta sai ta manta.

Sai na fita ke nan. Amma Fasto ya fara addu'a. Wa yake fita ana addu'a? Kai ma ka sani — Malam hedimasta na makarantarmu a bakin ƙofa da tsumagiya a bayansa, idanunsa a buɗe alhali namu a rufe. Shekara sittin da biyar, har yanzu ƙafata ba ta yarda. Yatsa ne kawai, na sani, ba ƙafa ba, ba wanda zai gan ni… duk da haka. In jira amin.

Doguwar addu'a. Yana ambaton gwauraye, marayu, gwamnati, ruwan sama.

Tawadar ce, Julius. Ita ce a shafi na biyu na jawabina. Rajistar aji a buɗe a kan tebur, ni ne monita, gwiwar hannuna ta ture kwalbar. Sunaye talatin da ɗaya suka nutse. Da aka tambaya sai na dubi ƙasa, kai kuma ka miƙe. Bulala goma sha biyu aka yi maka a gaban makaranta, ina tsaye ina kallo. Aka bar ni monita, aka rubuta mini shaidar kirki, da ita na shiga ofis. Kai aka kore ka zangon gaba a kan wani ƙaramin abu, don an riga an san ka. Ba ka taɓa tayar da maganar ba. Ko sau ɗaya. Clara ba ta sani ba, jikokinka ba su sani ba. Yau ne kawai ya rage in faɗa, kowa yana zaune, kai ma kana nan.

Amin. Sun tashi waƙa. Yanzu — a gafarce ni.

Majami'ar ta ɓace. Hotunan mutane, wata tana tallan turare, wani yana zagin wani. Layuka uku a kusurwa… a sama na rubuta, ga su a ƙasa. To. Saiti. Uku: in gangara zuwa inda aka rubuta hotuna da sauti. Babu. Na gangara, na hau, na sake gangarawa. Turanci ne, kuma na iya Turanci, na buga wasiƙun furofesoshi shekara talatin ba a taɓa mayar mini da ɗaya ba. Kowace kalma na gane ta. Amma ina suka kai abin?

Goma da minti talatin da ɗaya.

In kira Sarah. A kashe. I mana, a kashe — ni na koya mata, tun wayarta ta farko: a bakin ƙofar majami'a ake kashewa. Yarinyar kirki. Clara kuwa wayarta ce ke ɗauke da sujadar.

Da kai ne da tuni ka danna komai. Shagonka a Sabon Gari, rediyoyi a kwance hanjinsu a waje, warin dalma, kana dariya da Inyamurin maƙwabcinka cikin burokin Turanci. Na kawo maka tafireta da takardar umarninta, ka sa takardar a ƙarƙashin ƙafar tebur don ya daina rawa. Ka ce, Oti, abu ba ya mutuwa don an taɓa shi. Ni kuwa… abin da ba a ce in taɓa ba, ba na taɓawa. In na danna na goge hotunan marigayiya matata fa? In na rufe wani abu da ba zai sake buɗuwa ba?

Ɗaya bayan ɗaya, to, daga sama. In shiga, in karanta, in fito, in sa alama a littafi don kada in maimaita. Sanarwa. A'a. Tsare sirri. A'a. Harshe… Idona yana ruwa, tabarau yana zamewa. Ƙugun ya fara. Wa'azin nan ba ya wuce minti ashirin in jana'iza ce. Ko zai ja yau? Ya ja addu'a ai. Ya Ubangiji, ya ja.

Na goma sha ɗaya a jerin. Can ƙasa, ƙarƙashin wani kan magana da bai shafe shi ba: buɗe a burauzar waje. Ɗan maɓalli kamar ƙwayar wake. Shi ke nan? Wannan ne? Na taɓa, ya yi shuɗi.

Baya, baya, baya. Saƙon Clara. Layin. Taga ta gaskiya ta buɗe, tana tambaya ko na yarda a ji muryata. Na yarda. Tun yaushe na yarda.

Ƙarfe goma sha ɗaya da minti goma sha takwas.

Bencina. Furanni a ƙasa. Teburin da kake kai — ba kowa, farin ƙyalle kawai, ya zame gefe guda. An bar wayar a jingine, an tafi da kai maƙabarta. Sun kira sunana? Sau nawa? Wa ya ce a wuce?

Makirfon a kunne yake. Numfashina nake ji yana dawo mini daga lasifikar majami'ar, babba, kamar na wani. Takardar tana hannuna. In karanta? Wa zai… Gefen allon yana nuna waɗanda ba su fita ba tukuna.

Eric, ɗanka na Kanada, hotonsa baƙi, ko yana nan ko ya tashi ban sani ba.

Mama Hephzibah ta Hanwa, ta manta ba ta kashe ba, ƙarar tukwane.

Wata lamba, ba suna.

Wata mata a majami'ar tana tattara takardun sujada, ta tsaya, ta ɗaga kai tana neman inda numfashin ke fitowa.

Da ni.