Kwat ɗin Gamaliel

A ƙauyensu can Filato, in an raba kayan mamaci, ba ka fita da riga sai ka juye aljihunta a gaban matarsa. Dung ya san haka sarai. Amma ranar da aka raba kayan abokinsa Gamaliel a Perry Barr, can Birmingham ta Ingila, saura minti arba'in motar Manchester ta tashi, sai ya saɓa kwat ɗin da aka ba shi a kafaɗa ya fice.

A hanya ya ji takarda a aljihu. Tikitin cacar lottery ne, na Asabar mai zuwa. Shekara goma sha bakwai Gamaliel yana buga lambobin nan shida, Dung yana masa tsiya.

"Mutum ɗaya cikin miliyan arba'in da biyar fa, dogo. Kai da ko kofi ba ka taɓa ci a bazar ɗin coci ba."

"Bari dai, gajere," in ji Gamaliel. "Na Monica ne da Chloe. Kuɗin suna hanya."

Ranar Asabar lambobin suka fito, duka shidan. Bayan tikitin babu suna. Dung ya rubuta nasa, bai gaya wa Monica, matar Gamaliel, komai ba.

Ya bar ɗaukar kwali a wani sito da ke Cheetham Hill, nan Manchester, ya sayi gida da mota. Kafin wata guda labari ya isa Jos. Wannan kuɗin makaranta, wancan asibiti, coci rufi, wani ɗan kawu ya zo da maganar gonar kaji wadda har yau ba a ga ƙwai ɗaya ba. Shekara biyu, rabi ya tafi. Wannan bai hana shi barci ba.

Takalmi ne ya fara. Lambarsa takwas tun yana saurayi, sai ga takwas tana matse shi, tara ma haka, bai samu sa'ida ba sai a sha ɗaya. Kwat ɗin nan da hannunsa ke rufe masa yatsu ya dawo cas a jikinsa. Likita ya auna shi, ya ce lafiyarsa ƙalau.

Wata rana ana cin abinci ya yi dariya, 'yarsa Bethany ta ajiye cokali.

"Dad, that's not your laugh."

Matarsa Virtue ta haɗa jaka ta koma wurin ƙanwarta. A bakin ƙofa ta ce, "Baban Bethany, ban san mutumin da nake dafa wa abinci ba."

Dung ba mai tsoro ba ne, amma yana gane inda magana ta nufa. Lahadi bayan an tashi coci ya sa kwat ɗin, ya kama hanyar Birmingham. Zai juye aljihu a gaban Monica kamar yadda ya kamata tun farko, ya ba ta abin da ya saura, a bar masa jikinsa.

Rana tsaka ya ƙwanƙwasa. Monica ta buɗe, ta ɗaga kai ta dube shi. Da can shi ke ɗaga kai.

"Baban Chloe," ta ce. "Ka daɗe."

"Maman Chloe, ni ne fa, Dung."

Muryar da ta faɗi haka ba tasa ba ce. Ya yi maza ya juye aljihun dama, babu komai. Ya juye na hagu, makulli ya faɗo a kan dakali. Shekara biyu yana sa hannu a aljihun nan bai taɓa jin sa ba.

Monica ta sunkuya ta ɗauka.

"Ga makullinka ma, kake ƙwanƙwasawa kamar baƙo. Shigo, gwaten da na dafa zai huce. Ka kula da kanka, kullum sai ka buga shi a ƙofar nan."

Dung ya so ya juya. Ƙafafun suka goge takalmi sau biyu a kan tabarmar ƙofa, ya sunkuyar da kai ya shiga.