Ɗigon da Ya Ƙi Goguwa

Saura kwana tara in tsaya gaban malamai in kare bincikena, Farfesa ya turo mini takarduna ta kan tebur ya ce bai gamsu ba. Ban ga laifinsa ba, amma na ji haushinsa.

Shekara huɗu ina bin wani jan tauraro da ke maƙwabtaka da mu, wanda haskensa ke iso mana cikin shekara ashirin kacal. A gefensa na hango wani ɗigo dishi-dishi, na ce abokin tafiyarsa ne, irin wanda muke kira wadan tauraro: ya fi kowace duniya nauyi, amma bai kai ya kama wuta sosai ba, sai ɗumi kamar garwashi a cikin toka. Farfesa ya ce wa ya sani, ƙila wani tauraro ne can nesa ya faɗo a hoton. Taurarin kusa suna gusawa a hankali, na nesa kuwa kamar an kafe su. In dai su biyun tare suke, to in kawo tsohon hoto da ya nuna tare suka taho. In babu, a cire babin, kuma babin nan shi ne binciken gaba ɗaya.

Na kwashe kwana uku ina tonon hotunan da cibiyarmu ta nazarin taurari ta zuba a kwamfuta. Ko alamarsa babu.

Ranar Asabar na je gaida Gwaggo, yayar babana, don kawai in sami wanda zan yi wa ƙorafi. Shekara talatin ta yi a cibiyar nan tana goge farantan gilashi, waɗanda a da ake ɗaukar hoton sama a kansu, tana mayar da kowanne ambulan ɗinsa. Ita ta fara kai ni wurin ina ƙarama, kuma tun kafin in gama sakandare take kirana Dakta don tsokana. Na same ta tana guga. Ina magana tana juya riga, har na ɗauka ba ta saurare, sai da na ambaci lambar yankin da tauraron yake. Ta jingine dutsen gugar.

Ta tambaye ni ko ɗigon yana ƙasa da babban, ɗan hagu kaɗan. Na ce haka ne. Ta ce in zo in ɗauke ta ranar Litinin, kuma kada in sa farin kaya.

A mota ta ba ni labari. Tana sabuwar ma'aikaciya, shugaban wancan lokacin ya ga ɗigon a wani faranti, ya duba sauran farantan bai gan shi ba, ya ce tabo ne, tsummanta ya ɓata musu aiki. A gaban kowa ya faɗa. Aka rubuta wa farantin "ya lalace", aka jefa shi kabad ɗin ƙarƙashin bene. Ita kuwa ba ta taɓa shafa fuskar da hoto yake ba, bayan gilashi kaɗai ake gogewa, amma wa zai tsaya jin ta bakin mai goge-goge? Daga ranar, duk farantin yankin da ya zo hannunta sai ta ɗaga shi a taga. Yawancinsu babu komai. Sai irin masu jan tambari a ambulan, waɗanda ke kama jan haske, su ne ɗigon ke fitowa a kansu. Kowanne ta gani, da kanta take kai shi kabad ɗin kafin a sake yi mata tsawa. Shi ya sa da aka zo zuba hotuna a kwamfuta aka tsallake su.

Kabad ɗin na nan, an tare shi da karyayyun kujeru. Gwaggo, da ciwon gwiwarta da komai, ba ta bari na taɓa ba. Ta zaro ambulan bakwai, tana riƙe kowane gilashi ta gefe da yatsu huɗu, yadda ban taɓa ganin wani farfesa ya iya ba. A bayan kowace ambulan akwai rubutunta da fensir: kwanan wata, ɗan zane, da kalma biyu, "Ya ƙi," wato ɗigon ya ƙi goguwa. Daga na farko zuwa na ƙarshe shekara ashirin da shida ne.

Na tambaye ta me ya sa take rubutawa, tunda ba wanda zai karanta.

"Datti ba ya dawowa wuri ɗaya, Dakta. Na ce wata rana wani zai tambaya."

Muka hau sama na ɗauki hotonsu, na jera su a kwamfuta, na sa suna wucewa ɗaya bayan ɗaya. Taurarin nesa suka tsaya cik. Jan tauraron ya riƙa gusawa zuwa kusurwa, ɗan ɗigon na biye da shi, bai matsa kusa ba, bai bari an bar shi a baya ba. Farfesa ya shigo da kofin shayinsa, ya tsaya a bayanmu har shayin ya huce. Sannan ya tambaye ni wa ya adana waɗannan. Na nuna ta. Ya cire hularsa ya gaishe ta, ya ce babin ya zauna, kuma sunanta zai shiga takardar kafin nasa.

Ni dai daɗi ya cika ni, da kunya kuma, don shekara huɗu ina tambayar manya, ban taɓa tunanin tambayarta ba.

Gwaggo ba ta kula da zancen suna ba. Ta gyara tabarau, ta ce in sake kunna mata. Na kunna sau uku. Ta kai yatsa kusa da allon, ta tsaya ba ta taɓa ba, don har yau ba ta taɓa fuskar hoto.

"Ashe dai ba tsummana ba ne," ta ce.