Ranar da Muka Ƙetarar da Baba

Mu mutanen Tizzard a wannan gefen kogi muke zaune, amma a wancan gefen ake binne mu. Gefenmu fadama ce da dutse, in ka haƙa rami, kafin ya kai gwiwa ruwa ya cika shi. A ƙetare kuwa akwai tudun yashi busasshe, shi kakanninmu suka kewaye da shinge suka mai da shi maƙabarta. Babu titi a can, babu gida. Gadar jirgin ƙasa ce kaɗai ta haɗa mu da matattunmu.

Tun da na yi wayo, in aka yi rasuwa Baba ake kira. Shi ne shugaban masu gyaran layin dogo na yankinmu, Hedley Rideout, shekara talatin da huɗu yana wannan aiki. Zai duba agogonsa ya tabbata babu jirgi a hanya, ya ɗora amalanken aikinsu mai ƙafafun ƙarfe a kan dogo, a sa akwatin gawa a kai, maza huɗu su tura, sauran jama'a su biyo baya. Haka ya kai rabin garin nan ƙetare. Haka ya kai Mama, kuma ranar, a gaban kowa, ya kafa turaku biyu a gefen kabarinta ya ce nan ne wurinsa.

Ana nan sai aka rufe layin dogo na tsibirin da muke zaune a kai gaba ɗaya. Da shekara ta zagayo wasu 'yan kwangila suka zo da injina suka ɓamɓare ƙarafan, suka loda, suka yi gaba. A kan gadar katakai kawai suka bari, waɗanda ƙarfen ke kwanciya a kansu. Baba ya tsaya a ƙofar gida ya kalli aikin daga farko har ƙarshe. Cikin watan Afrilu ya rasu, ranar Talata da safe, yana zaune a kujerarsa, shayinsa ko hucewa bai yi ba.

Duk wanda ya san koginmu ya san Afrilu ba watan wasa ba ne. Ƙanƙarar da ta rufe shi tun Disamba ta farfashe, ruwa ya ciko har wuya, yana tafe da manyan ɓallin ƙanƙara, wani ya kai girman ƙofar ɗaki. Ko mahaukaci ba zai sa kwale-kwale a ciki ba.

Ƙanena Chesley ya iso ranar Alhamis daga Toronto. Shekararsa ashirin da biyu a can. Ya shigo da baƙar kwat mai kyau da takalmi mai sheƙi, ya rungume ni yana ƙamshin turare, ni kuwa hannuwana duk garin burodi. Ba zan ɓoye ba, ina jin haushinsa. Ni na zauna, ni na yi jinyar Mama, ni na wanke kayan Baba, shi kuwa sai kati da Kirsimeti da waya jefi-jefi.

Da la'asar tsofaffin abokan aikin Baba suka taru a kicin ɗinmu. Uku suka rage: Kawu Selby Pardy, da Kawu Job Osmond, da Garland Hynes, wanda har lokacin suke kira ƙaraminsu alhali ya ba hamsin baya da nisa. Na zuba musu shayi, na yanka burodi. Chesley ya gyara murya ya ce ya yi tambaya a hanya, akwai sabuwar maƙabarta a babban gari, mota na zuwa har bakin ƙofa.

Na ajiye butar da ƙarfi. Na ce, “Ka kai shi cikin baƙi, ka bar Mama ita kaɗai a can? To sai dai ka haɗa da ni.”

“Verna, ba faɗa na kawo ba. Babu ƙarfe, amalanke ba zai tafi ba. Ya za mu yi?”

Kawu Selby ya tsoma burodinsa a shayi, ya ce, “A hannu za mu ɗauke shi. Gadar ba ta ɗaukar mutum shida a jere, huɗu ne, biyu gaba biyu baya. Ga mu uku. Kai ne na huɗu, kuma kai ne a gaba, hannun dama. Wurin ɗa ke nan.”

Chesley ya dinga juya cokali. Can ya ce, “Kawu, na daɗe fa ban hau gadar nan ba. Ban sani ba ko zan iya.”

Gaba ɗaya muka sa dariya, a gidan makoki. Kawu Job har da buga tebur.

“Ji yaron nan! Ɗan Hedley? Kai da ka haye ta a guje kana ɗan shekara shida, ba ko wando, uwarka na bin ka da tsintsiya?”

Garland ya ce, “Kai dai cire wannan takalmin na 'yan rawa. Ƙafa ba ta mantuwa.”

Ni na fi kowa dariya. A wurinmu abin ba ya ma shiga kai. Katakan layi suna da wata tazara, ta yi wa takun babba kaɗan, in kuma ka ce za ka tsallake ɗaya ta yi maka yawa. Mu da muka tashi a kansu muna da tafiyarmu, gajeren taku mai sauri, har a kasuwar babban gari da ita ake gane mu daga nesa. Ɗan Tizzard ya ce bai iya hawa gada ba, daidai yake da ya ce bai iya haɗiyar ruwa ba. Mutumin nan ya buɗe baki ya faɗa mana gaskiya, muka ɗauka kunya ce irin ta wanda ya daɗe a birni. Na ɗauko masa takalman aikin Baba na ajiye a gabansa, magana ta ƙare.

Ranar Juma'a da hantsi aka fito da Baba daga coci. Fada, limamin cocin, bai samu zuwa ba, sai Mista Tulk, wanda ke karanta mana addu'a in ba ya nan. Mota ta kawo akwatin har bakin gada. Gari ya yi fari fat, babu iska, amma ƙarar ruwan sai ka ɗaga murya kafin na kusa da kai ya ji. Muka tsaya a gaɓa kamar yadda aka saba, sai gawa ta yi nisa kafin jama'a su hau.

Dokar gadar guda ɗaya ce, kowane yaro ya san ta kafin ya san karatu: idonka a kan katako na uku da ke gabanka, kada ka leƙa tsakani. In ka kalli ruwan yana gudu a ƙarƙashinka, sai ka ga kamar ruwan ne a tsaye, gadar ce ke tafiya da kai.

Suka ɗaga. Kawu Selby a gaba hannun hagu, Chesley a dama, Kawu Job da Garland a baya. Kawu Selby na ba su taku da baki, “Ɗaya. Ɗaya. Ɗaya.” Suka wuce inda ƙasa ke ƙarƙashi lafiya lau. Suka shiga kan ruwa. Ina kallon ƙeyar ƙanena, sai na ga kansa ya sunkuya.

Ya tsaya cak. Na baya ba su sani ba suka ƙara taku, akwatin ya karkace ya yi gefen dama, inda babu komai sai ruwa. Wata mata ta ƙwalla ƙara a bayana. Na ji muryar Kawu Selby ta keto ƙarar kogin.

“Ɗago kanka! Chesley! Dube ni!”

Ina! Ko ɗago kai bai yi ba. Kawu Selby ya yi shekara saba'in da ɗaya a lokacin, amma ya saƙala kafaɗarsa ƙarƙashin akwatin ya karɓe nauyin gaba shi kaɗai, ya ce a sauke. A hankali, a hankali, suka kwantar da Baba a kan katakai, tsakiyar iska, ƙanƙara na wucewa a ƙarƙashinsa tana dukan ginshiƙai. Chesley ya durƙusa ya rungume katako da hannu biyu.

Ban yi shawara da kowa ba, na tattare rigata na nufi gadar. Gwaggo Effie, ƙanwar Baba, ta cafke hannuna.

“Ke, ina za ki? Mace ba ta ɗaukar gawa, ba a taɓa yi ba.”

“To Gwaggo, a bar shi can ya kwana?”

Ta sake ni. Shekara tara ina haye gadar nan duk Lahadi in gyara kabarin Mama, ban taɓa tunanin abin wani abu ne ba.

Garland ya riga ya lallaɓa Chesley ya zagayo da shi bayan akwatin. Chesley yana dawowa da rarrafe, katako ɗaya bayan ɗaya, a gaban duk mutanen garin da ya haife shi, babban mutum mai shekara arba'in da uku cikin kwat. Muka haɗu. Ya ɗago ido ya dube ni, fuskarsa ba jini. Na san abin da ya kamata in faɗa masa, amma ba shi na faɗa ba. Cewa na yi, “Gara da Baba bai ga wannan ba. Matsa.” Ya matsa, na wuce.

Na kama hannun akwatin na dama. Kawu Selby ya dube ni sau ɗaya ya ce, “'Yar nan, kin shirya?” Na gyaɗa kai. Muka ɗaga. Baba ya rame a ƙarshen rayuwarsa, duk da haka sai da na ji kamar kafaɗata za ta fita. Ƙarfen hannun ya shige tafina. Ban san tsawon lokacin da muka ɗauka ba. Abin da na sani shi ne katako na uku, da numfashin Kawu Job a bayana kamar zuga-zugi, da muryar Kawu Selby tana ba mu taku. Da ƙafata ta taka tsakuwar wancan gefen sai hawaye suka ɓalle mini, su ne na farko tun ranar Talata.

Jama'a suka biyo mu a layi. Aka hau tudu. Garland da wasu samari sun haƙa ramin tun ranar Laraba, daidai inda turakun nan suke. Mista Tulk ya buɗe littafinsa, aka yi waƙa, aka saukar da Baba da igiya kusa da Mama. Abin da na dage a kai ya tabbata. Na zaci zuciyata za ta yi sanyi, amma maganar da na yaɓa wa ƙanena ta hana ni sakat.

Aka zo wurin zuba ƙasa. A wurinmu 'ya'yan mamaci ne ke fara zubawa da hannunsu kafin a sa shebur, kuma ɗa namiji ne farko. Mista Tulk ya kai wurin ya dakata, ya dube ni, ya rasa yadda zai yi. Na juya na kalli ƙetare. Duk garin ya hayo, har da Gwaggo Effie da sandarta. Mutum ɗaya ne ya rage a can, tsaye a bakin gada, hularsa a hannu.

Na ce, “Ku jira ni.”

Babu wanda ya tambaye ni dalili. Na sauka tudun na sake hawa gadar. Da Chesley ya ga ina zuwa sai ya fara ja da baya yana girgiza kai. Kafin in ƙarasa ya ɗaga murya.

“Verna, don Allah kada ki ce in zo. Ba zan iya ba. Na gwada sau biyu bayan kun wuce.”

Sai a lokacin na lura wandonsa ya yage a gwiwa. Na ce, “Ba cewa zan yi ka zo ba. Ka faɗa mana tun jiya, mu ne ba mu ji ba. Abin da na faɗa maka ɗazu kuma, bakina ne, ba na Baba ba. Ka yafe mini.”



“Ɗebo ƙasa,” na ce. “Kai ne farko. Suna jira.”

Ya dube ni jim kaɗan kafin ya gane. Ya durƙusa a gefen layi. Ƙasar wurin ba ta gama sakin sanyi ba, tsakuwa ce da baƙin gawayin jirgi da suka daskare tare. Ya dinga tona da yatsu har farcensa ɗaya ya fashe. Na haɗa tafukana biyu, ya zuba mini, ya sa hannuwansa ya rufe nawa ya riƙe. Hannunsa irin na Baba ne sak, ban taɓa lura ba.

“Ki ce masa na zo,” ya ce.

Na hau gadar karo na uku, hannuwana a haɗe a ƙirji, babu abin da zan daidaita jikina da shi. Ban zubar da ko tsakuwa ɗaya ba. Na hau tudun, mutane suka buɗe mini hanya. Na tsaya a bakin ramin na ce, “Baba, wannan ta Chesley ce. Ya zo.” Na buɗe hannu. Yashin tudun nan ba ya ƙara in an zuba shi, amma tsakuwar layi ta faɗa kan akwatin da ƙarfi, har Kawu Job ya zabura. Sannan na sunkuya na ɗebi tawa na zuba.

Na fita daga cikin mutane zuwa bakin shinge, inda Chesley zai hango ni. Na ɗaga hannuwana biyu sama, na buɗe su, ya ga babu komai a ciki. Ya daɗe a tsaye. Daga nan na ga ya zauna a ƙasa, ya kife fuskarsa a kan gwiwoyinsa. Babu wanda ya motsa a cikinmu. Sai da Kawu Selby ya share hancinsa, sannan ya miƙa wa Garland shebur.